Sulusin Me? Martani ga Mai Cewa Hadda Ta Wadatar a Lissafin Kason Kaso

Akwai wani marubuci mai yawan tsokaci a kan karatun firamare da ya fito kwanan baya da ra'ayin da bai kamata a bar shi ya wuce haka nan ba. Ƙorafinsa a kan malaman lissafi ne, musamman idan aka zo darasin fitar da kaso daga cikin wani kason, irin su rabin sulusi, ko biyu bisa uku na uku bisa huɗu. A ganinsa, ninke takarda da zana akwatuna a allo ƙaƙale ne kawai da aka kwaso daga ƙasashen da ɗalibai ba su da yawa a aji. Ƙa'idar, in ji shi, ba ta fi layi ɗaya ba: lambar sama sau ta sama, ta ƙasa sau ta ƙasa. A sa yara su haddace ta, a cika su da aikin gida, fahimta kuwa za ta zo daga baya idan hankali ya game jiki. Ya kuma kafa hujja da cewa hadda gadonmu ce, da ita aka yi manyan malaman da ake tinƙaho da su har yau.

Ba duk maganarsa ce abin yarwa ba. Cunkoson aji gaskiya ne. Duk wanda ya leƙa makarantar gwamnati ya ga yara sun cika maƙil, wasu a benci wasu a daɓe, malami ɗaya yana fama, ba zai raina wannan uzuri ba. Ƙa'idar da ya kawo ma daidai take, ba ta taɓa ba da amsar ƙarya ba. Maimaici kuma dole ne, don hannu ba ya faɗawa sai da shi. Inda ya kauce hanya shi ne ɗaukar da ya yi cewa wuyar darasin tana wajen buga lambobin. Yaron da ya iya biyu sau uku ai ya gama da wannan. Wuyar tana wajen sanin kason me ake nema: na dukkan abin ne, ko na abin da ya rage bayan an cire wani? Ƙa'idarsa ba ta da bakin amsa wannan tambaya, alhali a kanta darasin ya tsaya.

Tun da ya ambaci malamanmu na da, bari a fara daga zaurensu. A cikin Risala ta Ibn Abi Zaid Alƙairawani, littafin fiƙihun Malikiyya da ake biyawa daga Kano har Damagaram, akwai babin rabon gado, kuma a cikinsa akwai mas'aloli biyu da duk ɗalibin gado ya sani. Malamai na kiransu Umariyyatani, don Sayyidina Umar ɗan Haɗɗabi ne ya yanke hukuncinsu. Ta farko: mutum ya rasu, magadansa su ne matarsa da uwarsa da ubansa. Matar tana da rubu'i. Uwar kuma a nan ba sulusin dukiyar take ɗauka ba, sulusin abin da ya rage ne bayan an fitar da rabon matar. A ce abin da mamacin ya bari naira 1,200,000 ne. Matar ta ɗauki 300,000, saura 900,000. Sulusinsa 300,000, na uwa ke nan, uba ya tashi da 600,000. Sulusin uku bisa huɗu ne aka fitar, ya dawo rubu'in dukiyar cif. Mai rabon da ya ji an ce sulusi ya yi gaggawar raba dukiyar gaba ɗaya gida uku zai miƙa wa uwa 400,000, uba ya tafi gida da giɓin 100,000.

Ta biyu ta fi fito da abin fili. Mace ce ta rasu, ta bar miji da uwa da uba. Daga wannan dukiya ta 1,200,000 miji yana da rabi, 600,000. Uwa tana da sulusin rabin da ya rage, 200,000, wato sudusin dukiyar. Uba 400,000. Da sulusin duka aka ba ta, da ita ce za ta tashi da 400,000, uban ya koma 200,000. Abdullahi ɗan Abbas a kan wannan ɗin ya tafi, cewa uwa sulusin duka take ɗauka. Mafi yawan sahabbai da limaman mazhabobi huɗu kuma suka bi hukuncin Umar. Abin lura ga marubucin namu shi ne, saɓanin nan bai taɓa zama a kan yadda ake buga lamba ba. Kowane ɓangare ya iya lissafinsa sarai. Abin da suka yi ta zurfafa nazari a kai shi ne tambayar da yake so a tsallake a aji: sulusin me?

Haka lamarin yake idan magidanci ya rasu ya bar 'ya'ya da mata huɗu. Sumuni ɗaya ne matan za su raba a tsakaninsu, kowacce rubu'in sumuni, wato ɗaya bisa 32. A dukiyar 3,200,000 kowace mace tana da 100,000. Wanda ya kuskure ya ba kowacce sumuni nata, ya miƙa wa matan rabin dukiyar ke nan, ya tauye haƙƙin marayu. Zakka ma a kan irin wannan lissafi take tafiya. Manomin damina da ya sami buhu ɗari yana fitar da ushiri, buhu goma. Wanda ya jawo ruwa da inji ko jigo yana fitar da rabin ushiri, buhu biyar. Ɗan kasuwar da kuɗinsa ya kai nisabi ya shekara yana fitar da rubu'in ushiri, ɗaya bisa arba'in, 25,000 a kowane miliyan. Dattijon da bai taɓa zama a aji ba zai fitar da ushirin miliyan tukuna, 100,000, sannan ya raba shi huɗu. Bai haddace layin kowa ba. Ya san abin da yake rabawa a kowane mataki, kuma idan amsar ta fito ta fi ushirin yawa, nan take zai gane ya yi kuskure.

Don haka hujjar hadda ta juya wa mai ita baya. A tsangaya ana haddace Alƙur'ani ne domin abin nufi shi ne a tsare lafazinsa harafi da harafi. Fiƙihu kuwa ba haka ake ɗaukarsa ba. Ɗalibi ya ja baƙi, malam ya fassara masa gaɓa-gaɓa da Hausa, ya kawo misali, a yi tambaya. Idan aka kai babin gado sai a shiga warware mas'aloli: su wa suka gada, wa ya katange wa, mene ne asalin mas'ala, nawa kowa ya samu. Ba a taɓa ba mutum amanar rabon gado don ya iya rera babin da ka ba. Wannan hanya kuma tsohuwa ce. Littafin da Alkhawarizmi ya rubuta a Bagadaza wajajen shekarar 820, zamanin Halifa Ma'amun, littafin da daga sunansa aka sami kalmar aljabara, sashensa mafi tsawo mas'alolin wasiyya da gado ne, ana warware su ɗaya bayan ɗaya, kowacce da yanayinta.

Sai batun zane, wanda ya kira ɓata lokaci. Ga yadda abin yake a aikace. Malami ya zana fili mai kusurwa huɗu a allo, ko a ƙasa da tsinke idan alli ya ƙare, ya ce wannan gonar rani ce. Ya tsaga ta a tsaye gida huɗu, ya shafe uku: nan ne aka dasa albasa, uku bisa huɗu na gonar. Sai ya ce biyu bisa uku na inda aka dasa ne kawai ya sami taki. Ya sake tsaga gonar a kwance gida uku. Yanzu fangali goma sha biyu ne a gaban yara, kowa na iya ƙirgawa da yatsa. Waɗanda aka dasa tara ne. Layi biyu cikin uku na waɗannan tara, shida ke nan. Shida cikin goma sha biyu, rabin gona. Sai malam ya tambaya: daga ina sha biyun nan ta fito? Huɗu a tsaye, uku a kwance, huɗu sau uku. Shidan fa? Uku sau biyu. Ga ƙa'idar marubucin nan ta fito da ƙafarta daga bakin yara, ta sama sau ta sama, ta ƙasa sau ta ƙasa, amma yanzu kowace lamba tana da abin da take nunawa a ƙasa. Gani ya kori ji.

Wannan aiki bai kai rubu'in awa ba, kuma ba ya buƙatar komai sai allo. Aji mai yara ɗari ma zai ga zane ɗaya a lokaci ɗaya. Wanda ke can baya da ba ya jin muryar malam sosai, zanen ya fi kai masa saƙo. Idan ana son kowa ya taɓa da hannunsa, fallen tsohon littafin rubutu ya isa: a ninke gida huɗu ta nan, gida uku ta can, a buɗe a ƙirga. Cunkoson da marubucin ya kawo a matsayin dalilin barin zane, idan aka duba, dalilin riƙe shi ne, domin malamin da ba zai iya bin kowane yaro benci-benci ba ya fi kowa buƙatar yaran da za su iya gane kuskurensu da kansu.

Ba kuma sabon yayi ba ne da wasu ƙungiyoyi suka shigo da shi jiya. A ƙasar Sin akwai tsohon littafi da ake kira Babi Tara na Fasahar Lissafi, wanda ya kai kimanin shekara dubu biyu. Ƙa'idar nan ta kaso sau kaso tana cikin babinsa na farko, babin aunin gonaki, kuma da gona aka gabatar da ita: fili mai faɗin huɗu bisa bakwai na taku, tsawon uku bisa biyar, girmansa sha biyu bisa talatin da biyar. A shekarar 263 wani masani mai suna Liu Hui ya zauna ya rubuta wa littafin sharhi, babban aikinsa a ciki shi ne bayyana dalilin da ya sa ƙa'idojin suke aiki. Tun wancan zamani an ga cewa miƙa wa ɗalibi ƙa'ida tsurarta bai isa ba.

Me ke faruwa da yaron da aka ba ƙa'idar tsurarta? Abu na farko, tana malala zuwa inda ba gidanta ba. Yau ya koyi ta sama da ta sama, ta ƙasa da ta ƙasa. Gobe aka ce ya tara rabi da sulusi, sai ya haɗa ɗaya da ɗaya, biyu da uku, ya rubuta biyu bisa biyar. Amsar ba ta ma kai rabin da ya fara da shi ba, amma babu abin da zai tsikare shi, don bai taɓa ganin biyu bisa biyar da idonsa ba. Duk malamin firamare da ya yi makin jarrabawa ya san wannan amsa. Cutar kuma ba ta nan kaɗai ba ce. A 1978, a wata jarrabawar auna ilimi ta ƙasa a Amurka, an ce wa yara 'yan shekara 13 su kintaci jimillar 12/13 da 7/8, aka ba su zaɓi: 1, 2, 19 ko 21. Kowanne daga kason nan biyu saura ƙiris ya cika ɗaya, don haka amsar tana dab da 2. Kashi 24 cikin ɗari ne kawai suka zaɓe ta. Fiye da rabinsu 19 ko 21 suka ɗauka, wato sun tara lambobin sama ko na ƙasa. Yara ne da suka yi shekara da shekaru suna buga ƙa'idoji.

Abu na biyu ya fi zafi, don shi ne ke raba yaro da lissafi. Shekara biyu ko uku ana koya masa cewa sau yana ƙara abu: uku sau huɗu ya fi uku, ya fi huɗu. Rana ɗaya aka ce rabi sau rabi rubu'i ne, abin ya ƙanƙance. Yaro mai kaifin hankali shi ne zai fara ɗaga hannu ya ce, "Malam, yaya aka yi ya ragu?" Idan amsar da ya samu ita ce haka ƙa'ida ta ce, abin da ya koya ranar shi ne lissafi ba ya bin hankali, kuma tambaya ba ta da amfani. Alhali yaron nan tun kafin a sa shi makaranta ya san rabin rabi. An aike shi sayen rabin kwano, an raba masa rabin lemo da ƙaninsa, ya san abin da ya samu bai kai rabi ba. Aikin malam kawai ya haɗa masa abin da ya sani a gida da alamar da ke allo. Marubucin yana neman a ajiye wannan sani a ƙofar aji, a fara daga babu.

Saura ginshiƙin maganarsa, cewa fahimta za ta zo daga baya. Da ma haka ne! A 1999 wata masaniyar ilimi mai suna Liping Ma ta fitar da littafi a kan nazarin da ya kwatanta malaman firamare 23 na Amurka da 72 na Sin. An ba su ɗaya da uku bisa huɗu a raba da rabi, aka ce su buga, sannan su ƙirƙiro ɗan labari da ya dace da lissafin, irin wanda za a ba yaro. Cikin malaman Amurka 23, mutum ɗaya tak ya kawo labarin da ya dace. Da yawansu sun kawo labarin raba abu gida biyu, wanda wani lissafi ne daban. Malaman Sin kuwa, waɗanda yawancinsu ba su kai takwarorinsu shekarun karatu ba, mafi yawansu sun kawo misali daidai, wasu ma fiye da ɗaya. Malaman Amurkan nan manya ne, masu takardun shaida, hankali ya daɗe da game jikinsu, amma fahimtar da aka ce za ta zo daga baya ba ta zo ba. Kuma abin da malami bai gane ba, ƙa'idarsa kawai zai iya miƙa wa na bayansa.

Lokaci ma ba ya cike giɓin. Robert Siegler da abokan aikinsa sun wallafa bincike a 2012 da ya bi sawun ɗalibai a Amurka da Birtaniya. Sun gano cewa yadda yaro ya san kaso da rabawa yana kimanin shekara goma yana nuna yadda zai kasance a aljabara da lissafi gaba ɗaya bayan shekara biyar ko shida, ko da an daidaita bambancin basira da samun iyaye da iliminsu. Dalilin a fili yake ga duk wanda ya koyar a sakandare. Aljabara cike take da kaso, sai dai haruffa sun maye gurbin lambobi, kuma yaron da bai san abin da lambar ƙasa ke nufi ba lokacin da take huɗu, ba zai sani ba idan ta koma harafi.

A nan ne ya kamata marubucin ya karkata alƙalaminsa, wato ga kwalejojin horar da malamai. Wanda za a ba aji huɗu ko biyar ya koyar, a tabbatar kafin ya fita ya iya zana biyu bisa uku na uku bisa huɗu, ya iya ƙirƙiro labarin da ya dace da shi daga kasuwa ko gona ko rabon gado, ya kuma iya amsa yaron da ya tambayi dalilin raguwar amsa. Buga lambobin kuwa, kalkuletar da ke cikin ƙaramar waya ta fi kowa sauri. Abin da ba za ta yi wa mutum ba shi ne zaɓen lambobin da zai danna.

Ko a jarrabawa, inda ake son sauri, tambayoyin ba sa zuwa a shirye kullum. Sukan zo ne da labari: ma'aikaci ya kashe sulusin albashinsa a abinci, sannan ya kashe rubu'in abin da ya rage a haya, kaso nawa ya saura a hannunsa? Mai hadda zai ga sulusi da rubu'i, ya buga ta sama da ta sama, ya rubuta ɗaya bisa sha biyu. Wani zai tara su ya sami bakwai bisa sha biyu, ya ce biyar ta saura. Duka biyun sun bi ƙa'ida ba tare da kuskuren lamba ko ɗaya ba, duka biyun sun faɗi. Wanda ya saba tambayar kansa rubu'in me, zai ga cewa bayan abinci biyu bisa uku ne ya rage, rubu'insa sudusi ne, sulusi da sudusi rabi ne, saura rabi. Idan yana shakka sai ya gwada da albashin 90,000: abinci 30,000, saura 60,000, haya 15,000, a hannu 45,000. Idan marubucin yana da makarantar da yake shiga, ya rubuta wannan tambaya a allon 'yan aji shida da aka koya wa ƙa'idar ta hanyarsa, ya karɓi takardun, ya ware masu ɗaya bisa sha biyu gefe guda, masu biyar bisa sha biyu gefe guda, ya ƙirga nawa ne suka rubuta rabi.